Sabo, Zango Da Taswirar Gwamnati: Matsayin Baƙo A Dokar Filaye

(Jawabin da aka karanta a gaban taron 'yan Arewa mazauna garuruwan Kudu. An buga shi nan dungum saboda waɗanda ba su sami halarta ba.)



Abin da ya tara jama'a a wannan wuri yau shi ne maganar ƙasa, watau filin da mutum ya kafa gida ko rumfa ko turke a kansa, da kuma dokokin da suka ce ga abin da za a yi a wannan fili, ga abin da ba za a yi ba. Magana ce wadda yawancin 'yan Arewa mazauna Kurmi ba su cika waiwayarta ba sai ran da aka wayi gari aka ga jan fenti a jikin bango, ko kuwa aka ji rurin katafila a bakin layi. A ran nan ne za a ji dattijo yana rantsuwa da Allah cewa shekararsa 40 a wurin, a nan ya aurar da 'ya'yansa, a nan aka haifi jikokinsa. Gaskiya ya faɗa, amma ma'aikacin da ya zo da takarda bai zo ƙidayar shekaru ba. Taswira ya duba a ofis, ita kuwa taswirar ta nuna wurin hanya ce, ko magudanar ruwa, ko filin gwamnati, ko kuma kasuwar da ba a yarda kowa ya kwana a cikinta ba.

Wannan al'ada ta raba gari kashi-kashi da alƙalami tsohuwa ce, tun zamanin Turawa aka shuka ta. A shekarar 1917 Gwamna Lugga ya kafa dokar birane wadda ta kasa garuruwa aji uku, Ikko kaɗai ce a aji na ɗaya. A ƙarƙashin wannan tsari an ware wa Turawa unguwarsu, aka bar fili fetal mai faɗin yadi 440, watau kwatan mil, tsakaninsu da baƙar fata, ba a yarda kowa ya yi gini a ciki ba. Hujjar da aka bayar ita ce wai kada sauro ya ɗauko zazzaɓi daga jikin 'yan ƙasa ya kai wa Bature. Turawa sun tafi tun 1960, amma unguwannin suna nan, su ne ake kira GRA, kuma har gobe su ne masu manyan fulotai da itatuwa da tsada. Duk wanda ya kwatanta Ikoyi da Ajegunle, ko GRA ta Ikeja da Agege, ya ga abin da layin da aka ja a takarda shekaru fiye da 100 da suka wuce yake iya yi wa gari.

Irin wannan tunani ne ya haifar da unguwannin baƙi. A Arewa an yi Sabon Gari domin mutanen Kudu, a wasu garuruwa kamar Zariya aka ƙara da Tudun Wada domin 'yan Arewan da ba 'yan garin ba. A Kudu kuwa sai aka juya abin, 'yan Arewa suka zama su ne baƙin, aka yi musu Sabo a ƙasar Yarbawa, a ƙasar Ibo ana ce da irinta Ama Hausa ko Ogbe Hausa.

Sabon Badun ita ce ta fi cancanta a tsaya a kanta, domin an rubuta tarihinta sosai. Kafin 1916 Hausawan Badun a warwatse suke cikin gari, suna haya a gidajen Yarbawa. Da jirgin ƙasa ya iso Badun a 1901, sa'an nan layin ya kai Kano wajen shekara 10 bayan haka, sai baƙi suka yawaita, ƙorafi ya yi yawa cewa ɓarayi suna fakewa a cikinsu. A 1916 hukumar gari ta yanke musu fili a gefen Mokola, aka ce kowa ya koma can, aka sa su ƙarƙashin sarkinsu. Manufar ita ce a killace su a sa musu ido. Amma abin da ya biyo baya ya wuce abin da masu dokar suka zata. Wani masani Bature, Abner Cohen, ya zauna a Sabo a 1962 zuwa 1963, ya tarar da mutane sama da 4,000, ya kuma fitar da littafi a kansu a 1969. Ya nuna cewa ƙarfin Sabo duka a gidajenta yake. Saniyar da aka kawo daga Arewa ba ta daɗewa a Kurmi saboda ƙudan tsando, tilas a sayar da ita da wuri, su kuwa mahautan gari ba su da kuɗi a hannu sai bashi. To, wa zai tsaya wa falken da ya zo daga Kano ko Gusau bai san kowa ba? Maigida ne. Shi zai sauke shi a gidansa, ya ci da shi, ya haɗa shi da dillali, ya ajiye masa kuɗi, ya kuma ɗauki lamunin bashin. Haka abin yake a cinikin goro da ake ɗaurawa zuwa Arewa. Wanda ya fi yawan ɗakuna shi ya fi yawan baƙi, wanda ya fi yawan baƙi shi ya fi faɗa a ji. Ke nan filin da aka yanke don a takura baƙo shi ya zama jarinsa.

Sai dai akwai wani ɓoyayyen rauni a cikin wannan ƙarfi. Ginin na Bahaushe ne, amma ƙasar da ke ƙarƙashinsa ta mutanen gari ce, zamansa kuwa ya rataya ne a kan yardar hukumar da ta ajiye shi. Muddin Turawa suna nan suna riƙe da tsarin kowace kabila da unguwarta, Sabo tana da kariya. Da siyasar jam'iyyu ta kunno kai a farkon shekarun 1950, hukuma ta daina kallon Sabo a matsayin wurin da aka keɓe wa Hausawa su kaɗai, sai mutanen unguwar suka nemi wani abin da zai ɗaure su wuri guda, suka rungumi ɗarikar Tijjaniyya, suka kuma ware masallacin Jumu'arsu. Wannan rauni, na gini naka ƙasa ta wani, shi ne ya bi kusan kowane zango a Kudu har zuwa yau.

A nan ya kamata a fahimci bambancin da ke tsakanin Arewa da Kudu a kan ƙasa, domin rashin fahimtarsa ya ci dukiyar mutane da yawa. A Arewa, tun dokar 1910 da ta 1916, sa'an nan dokar filaye ta Jihar Arewa ta 1962, ƙasa tana hannun hukuma ne a madadin jama'a. Mutum ya saba da cewa in mai unguwa da dagaci sun shaida, ko En'e ta ba shi fuloti, magana ta ƙare. A Kudu ƙasa ta dangi ce da zuriya. Shari'ar filin Apapa, wadda Cif Oluwa na Ikko ya kai har Ingila tare da rakiyar Herbert Macaulay ya kuma yi nasara a 1921, ita ta tabbatar wa duniya cewa Turawa ba su mallake ƙasar Ikko ba don sun karɓi mulkinta a 1861. Saboda haka ɗan Arewan da ya zo da tunanin gida, ya ba wani mutum ɗaya kuɗi a gaban shaidu biyu ya ɗauka ya sayi fili, sau da yawa rigima ya saya. A dokar gargajiyar Yarbawa, wadda kotuna suka amince da ita, filin dangi ba ya sayuwa sai shugaban dangin ya sa hannu tare da manyan gidan. In wani ɗan gidan ya sayar ba da shugaban ba, cinikin ɓatacce ne tun daga tushe.

A ranar 29 ga watan Maris na 1978 gwamnatin soja ta Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa. Abin mamaki, kwamitin da aka naɗa a 1977 ƙarƙashin Mai Shari'a Chike Idigbe, mafi yawan wakilansa ba su ba da shawarar a yi haka ba, ra'ayin marasa rinjaye gwamnati ta ɗauka. A taƙaice an ɗauko tsarin Arewa ne aka shimfiɗa wa ƙasar baki ɗaya. Sashe na 1 ya danƙa dukan ƙasar kowace jiha a hannun gwamnanta, ya riƙe amana domin amfanin dukan 'yan Nijeriya. A lura da kalmar, dukan 'yan Nijeriya aka ce, ba a ce 'yan asalin jihar ba. Gwamna shi ke ayyana inda ya zama birni, shi ke ba da izinin zama a filin birni da takardar shaidarsa, wadda kowa ya sani da C of O, yawanci na shekara 99. Filin karkara kuwa ƙaramar hukuma ke ba da shi, har zuwa hekta 500 don noma da hekta 5,000 don kiwo. An kuma ce wanda yake da filin da bai gina ba a cikin birni, rabin hekta kaɗai zai riƙe, watau eka ɗaya da kwata. Don kada farar hula su zo su soke dokar, sai aka cusa ta cikin tsarin mulkin 1979, aka maimaita a na 1999, ta yadda gyara ta sai an bi doguwar hanyar gyaran tsarin mulki. Marigayi Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa ya gwada a 2009, ya kafa kwamiti ƙarƙashin Farfesa Akin Mabogunje, ya aika wa majalisa da buƙatar gyara, amma abin bai kai gaci ba.

An yi wa talaka albishir a 1978 cewa zamanin 'yan baranda da masu ɓoye filaye ya wuce. Abin da ya auku shi ne, a Kudu dangogi sun ci gaba da sayar da filayensu, sai a mai da kwanan watan rasit baya ya koma kafin 1978, mai saye kuma ya sami ƙarin ubangida na biyu, watau gwamna. Sashe na 22 ya ce ba a sayar da fili, ba a jinginar da shi, sai da amincewar gwamna, kuma Kotun Ƙoli ta tabbatar a 1989 cewa wannan ya shafi har waɗanda suka mallaki filayensu tun kafin dokar. Neman wannan amincewa yana cin kuɗi da watanni, wani lokaci shekaru. Attajiri yana da lauyan da zai bi masa, mai sayar da albasa a Mile 12 ba shi da shi. Sa'an nan ga sashe na 28 da ya ba gwamna ikon soke izinin zama saboda amfanin jama'a, ko kuma saboda mai filin ya saɓa sharuɗɗan takardarsa. Diyyar da sashe na 29 ya tanada ta ginin da aka yi ce da amfanin gonar da ke kai, ƙasar kanta ba a biyanta, tunda a idon doka ba ta mutum ba ce tun asali. Wanda kuwa ba shi da takardar komai, ko wannan ɗin ma da wuya ya gani.

Akwai wata shari'a da ya kamata kowane sarkin zango ya san da ita. A Jihar Kwara wasu Fulani sun zauna shekaru masu yawa a filin da masu gari suka ba kakanninsu, suna kiwo suna noma suna biyan abin da aka saba biya. Da dokar 1978 ta fito sai suka ɗauka cewa tunda ƙasa ta koma hannun gwamna, su ne kuma ke zaune a kanta, to ta zama tasu. Har suka kafa allo da sabon sunan wurin. Magana ta kai Kotun Ƙoli, a 1991 kotu ta ce dokar ba ta kashe dangantakar mai ƙasa da wanda aka ba aro ba, wanda ya shiga da aro yana nan a matsayin ɗan aro. Daɗewa ba ta mai da aro ya zama gado.

Duk wannan maganar mallaka ce. Akwai hawa na biyu wanda ya fi kama mutane ba shiri, shi ne dokar tsara gari. Mutum yana iya riƙe C of O sahihiya a hannunsa, a kuma rushe masa gini bisa doka, domin takardar ta ce wurin zama ne shi kuwa ya yi shaguna, ko ya ɗora bene ba izini, ko ya ci tazarar da aka ce a bari tsakanin gini da titi, ko da rafi, ko da babbar wayar lantarki. Wannan fanni ya fara ƙarfi ne a Ikko bayan annobar da ɓeraye suka yaɗa a 1924, wadda ta sa aka kafa hukumar raya birnin a 1928. Ita ce daga 1955 ta shiga rushe tsakiyar tsibirin Ikko tana kwashe mutane zuwa Surulere. A 1946 aka yi dokar tsara gari ta ƙasa duka, wadda aka kwaikwayo daga ta Ingila ta 1932, aka maye gurbinta da doka mai lamba 88 ta 1992. Gwamnatin Ikko ta kai Gwamnatin Tarayya ƙara, a 2003 Kotun Ƙoli ta yanke cewa tsara gari da ba da izinin gini aikin jiha ne, ko da filin na Tarayya ne. Ma'anar wannan ga baƙo a fili take: takardar da wata ma'aikatar Tarayya ta ba shi daga Abuja, ko ta gefen layin dogo ce ko ta harabar wata kasuwa, ba ta hana jiha zuwa ta tambaye shi izinin gininsa.

Wanda yake son ya ga iyakar abin da wannan iko yake iya yi, ya tuna da Maroko. Unguwa ce ta talakawa a gefen Victoria Island, kabilu iri-iri a cikinta, har da waɗanda hukuma ce da kanta ta kai su can shekarun baya bayan an tashe su daga wasu wurare. A watan Yuli na 1990 gwamnan soja Raji Rasaki ya ba su kwana 7. Hujjarsa ita ce wurin kwari ne, ruwa yana cinye shi, cuta za ta ɓarke. Da wa'adi ya cika, a tsakiyar damina, aka shiga da katafila, mutanen da aka ƙiyasta sun kai 300,000 suka rasa matsuguni. Kaɗan daga cikinsu aka ba ɗakuna a Ilasan da Ikota da Epe, wasu gidajen ma ba a gama gina su ba. Sai aka cike kwarin da yashi, aka yanka shi fulotai, yau yana cikin filaye mafi tsada a Nijeriya. Ruwan da aka ce zai halaka talaka bai hana attajiri gina bene ba. Ƙasar ita ce dai ta jiya, abin da ya sake shi ne sunan da taswira ta ba ta da kuɗin da aka zuba mata bayan an kori masu ita. An maimaita irin wannan a Makoko a 2012 da wa'adin sa'a 72, da Otodo Gbame a 2016 da 2017, inda wata babbar kotun Ikko ta yanke a watan Yuni na 2017 cewa korar mutane ba tare da tanadar musu wani wuri ba ta saɓa wa tsarin mulki. Hukuncin ya zo ne bayan gidajen sun riga sun zama toka.

Wuraren da 'yan Arewa suka fi yawa suna da wata matsala tasu ta daban. Yawancinsu a matsayin kasuwa aka ba da su, ko kara, ko tashar manyan motoci, a bayan gari inda babu mai so. Amma cinikin dabba da na kayan gwari ba ya rabuwa da kwana, domin mota tana isowa da tsakar dare, mai kaya yana son ya kwana kusa da kayansa, kamar dai yadda maigidan Sabo yake sauke falkensa. Sannu a hankali rumfa ta zama ɗaki, ɗaki ya zama gida, aka yi masallaci da makarantar allo, aka kawo iyali. A taswira kuwa har yanzu kasuwa ce. Shekara 30 ko 40 suka wuce, gari ya tarar da wurin ya kewaye shi, filin da dā ba shi da daraja ya zama zinariya. A nan ne ake tuna cewa ai ba a ba da izinin kwana ba. Alaba Rago da ke Ojo, a kan hanyar Badagry, an ba mazaunanta wa'adin kwana 14 a watan Mayu na 2022, rusau kuma ya biyo baya. Kasuwar Mile 12, bayan rikicin watan Maris na 2016, gwamnatin lokacin ta rufe ta na ɗan lokaci ta kuma ba da sanarwar niyyar mai da ita Imota a yankin Ikorodu. A Jihar Abiya, a 2023, gwamnati ta ce kasuwar shanu ta Lokpanta za ta zama ta yini kawai, a katange ta, kowa ya nemi wurin kwana a cikin gari, saboda dalilan tsaro. Garuruwa daban-daban, jam'iyyu daban-daban, amma ƙofar da aka shigo ta ita guda ce.

Adalci ya sa a faɗi ɗaya gefen. Ba kowane rusau ne zalunci ba, ba kuma kowane rusau ne ƙiyayyar kabila ba. Wanda ya toshe magudanar ruwa da gini ya jawo wa unguwa ambaliya, wanda ya kafa rumfa ƙarƙashin babbar wayar lantarki ya sa ran 'ya'yansa a haɗari, kasuwar da ba ta da hanyar da motar kashe gobara za ta bi kuwa kowa ya san ƙarshenta. Jihar Legas ita ce mafi ƙanƙanta a ƙasar nan, kimanin murabba'in kilomita 3,500, wani kaso mai yawa kuma ruwa ne, dole a yi tsari. Katafilar da ta ci Alaba Rago ta ci shagunan Ibo da gidajen Yarbawa da na Egun. Su ma gwamnatocin Arewa ba su da bakin yi wa kowa gori, ga rusau na Abuja tsakanin 2003 da 2007, ga na Kano a 2023. Abin da ake ƙi shi ne a karɓi haraji da kuɗin rumfa a hannun mutane shekara da shekaru, a zo neman ƙuri'arsu kowane zaɓe, sa'an nan ran da filin ya yi tsada a ce ba a san da zamansu ba.

Ko inda katafila ba ta zo ba, tsoronta kaɗai yana yin ɓarna. Mutumin da bai tabbata zai kai baɗi a wuri ba, ba zai zuba siminti ba, sai langa-langa da katako. Hukuma kuma ba ta kai famfo da kwalbati da asibiti inda taswirarta ta ce ba kowa. Sai wurin ya ƙazance, ƙazantar kuma ta zama hujjar tashinsa. Banki ba ya karɓar gidan da ba shi da takarda a matsayin jingina, saboda haka attajirin zango yana iya mallakar ɗakuna 50 amma ba zai iya cin bashin sayen mota ɗaya da su ba. Shi ya sa da yawa suke kwashe ribarsu su gina a gida, a Kano ko Sakkwato ko Azare, gidan da ba za su kwana a ciki ba sai da Salla, su bar 'ya'yan da aka haifa a Kurmi, waɗanda Yarbanci ya fi kama bakinsu, ba su da ko taku ɗaya da sunansu a garin haihuwarsu.

Alhali kuwa tsarin mulkin 1999 bai bar wannan a duhu ba. Sashe na 41 ya ba kowane ɗan ƙasa 'yancin zama a duk inda ya so, sashe na 43 ya ba shi 'yancin mallakar gida da fili a ko'ina cikin Nijeriya, sashe na 42 ya hana a nuna masa bambanci saboda asalinsa. 'Yancin yana nan, sai dai ba ya aiki sai an bi shi da takarda. Wanda zai sayi fili, kafin ya ba da ko kwabo, ya ɗauki safiyo mai lasin ya auna wurin, a kai awon ofishin Babban Safiyo na jiha a duba ko yana cikin filayen da gwamnati ta riga ta karɓe. A Ikko wannan ya zama tilas, domin tun shekarun 1970 gwamnati ta karɓe manyan yankuna, daga baya take yanke wa ƙauyuka wani ɓangare ta buga a gazet, abin da ke wajen wannan ɓangare kuwa ba na dangin da ke sayarwa ba ne. Ya sa lauya ya bincika a ofishin rajistar filaye, ya tabbata shugaban dangi da manyan gidan sun sa hannu, sa'an nan ya nemi amincewar gwamna da izinin gini. Ya kuma sani cewa ko C of O ba ta wanke cinikin da tushensa ya lalace, Kotun Ƙoli ta faɗi haka a 1990. Masu biyo mutum da sanduna suna neman kuɗin aza harsashi da kuɗin rufi, waɗanda ake kira omo onile, Jihar Legas ta yi dokar hukunta su a 2016, ana iya kai ƙararsu.

Abin da ya fi ƙarfin mutum ɗaya shi ne filin jama'a: masallaci, makaranta, maƙabarta, da ita kanta kasuwar. Da yawa daga cikin waɗannan suna da sunan wani dattijo ne da ya rasu, ko kuwa alkawarin baka ne tsakanin wani sarkin Hausawa da wani basaraken gari, dukansu sun riga mu gidan gaskiya. Doka ta yarda ƙungiya ta yi rajistar amintattunta a Hukumar Rajistar Kamfanoni, ta riƙe fili da sunanta, ta yi ƙara a kuma yi ƙararta, ko da shugabanni sun shuɗe. Kuɗin da ake tarawa a kowace kara a mako guda ya isa a fara wannan aiki, in da za a rage na rigimar wane ne sarki. Tsofaffin rasitai, da wasiƙun da hukuma ta rubuto lokacin da aka ba da wurin, da takardun haraji, duk a tattara su a ajiye kwafinsu a hannun lauya, kada a bar su cikin akwatin da gobara ɗaya za ta cinye. In takardar asali ta ce kasuwa ce kawai, to a nemi a sake mata suna a hukumance, ko kuwa a nemi a yanke wani fili kusa domin gidaje, tun kafin a zo da jan fenti.

Daga ƙarshe akwai maganar siyasa, wadda ba a raba ta da maganar ƙasa. Tsarin mulki ya sa kasuwanni da tashoshin mota da kwata da maƙabartu da raɗa wa tituna suna da ba gidaje lamba a hannun ƙaramar hukuma. Waɗannan su ne ainihin wuraren da rayuwar ɗan Arewa take a Kudu. Amma da yawa katin zaɓensu na gida ne, in zaɓe ya zo sai su cika motoci su tafi Arewa, su bar zaɓen kansila da shugaban ƙaramar hukumar da ke riƙe da rumfarsu. Hukumar zaɓe tana karɓar buƙatar mai da kati daga wata jiha zuwa wata kafin kowane babban zaɓe. Haka kuma dokokin tsara gari sun tanadi a baje daftarin sabuwar taswira a fili a ba jama'a lokaci su kawo ƙorafi, ana kuma buga sanarwar a jaridun Turanci da ba kowa ke karantawa a zango ba. Ya kamata kowace Sabo da kowace kara ta wakilta mutum biyu ko uku daga cikin 'ya'yanta masu ilimin zamani, lauya ko safiyo ko malamin makaranta, aikinsu shi ne bin waɗannan sanarwoyi a sakatariyar jiha da ta ƙaramar hukuma, su kawo wa majalisar sarki rahoto kowane wata, su kuma shigar da ƙorafi a rubuce kafin wa'adi ya cika.